Ku Tambaya Mu Amsa: Wai waye Andy Gill, kuma me ke cikin kiɗansa?

Assalamu alaikum masu karatu, barkanmu da sake haɗuwa a wannan fili. A fitowar da ta wuce da nake amsa wata tambaya kan makaɗan jita na duniya, na ambaci sunan wani Bature ɗan Ingila, Andy Gill, a layi ɗaya tal, na ce in ana lissafin waɗanda suka sauya yadda ake kaɗa jita to dole a sa shi ko da kuwa ba a san shi a nan ba. To ashe magana na tsokano, dan tun daga ranar saƙonni ke ta shigowa, wasu tambaya wasu ƙorafi. Shi ya sa wannan karon na ware masa filin gaba ɗaya, waɗanda suka aiko tambaya kan wasu batutuwan ku yi haƙuri sai fitowa ta gaba in Allah ya kai mu.

Daga wani ɗalibi a Samaru, Zariya: Malam barka da aiki. Na je YouTube na nemo wannan Andy Gill ɗin da ka yaba, wallahi ni dai hayaniya na ji, sai ka ce faɗa yake da jitar. Wai shi waye ne, kuma kai me ka ji a ciki?

Barka kadai ƙanina. Kunnenka bai yi maka ƙarya ba, abin da ka ji ɗin shi ne abin da mutumin ya so ka ji, kuma ko a can Ingila ba kowa ne ya karɓe shi a jin farko ba. Amma bari in fara da waye shi tukuna.

An haifi Andy Gill ranar 1 ga Janairun 1956 a Manchester, garin da ku 'yan ƙwallo kuka fi sani, sai dai sakandare a kudu ya yi, a makarantar Sevenoaks da ke yankin Kent, kuma a nan ne ya haɗu da Jon King wanda daga baya ya zama mawaƙin ƙungiyarsu. Zane-zane ne ya haɗa su, dukansu biyu suka wuce Jami'ar Leeds a arewacin Ingila suka karanta fannin zane. Ka riƙe wannan dan yana da muhimmanci, mutumin nan ɗan zane ne wanda aka koya wa ya tsaya gaban hoto ya tambayi kansa me ya sa aka sa wannan abin a nan, me zai faru in aka cire shi, kuma da wannan idon ya zo wa jita.

A 1976 shi da King suka je New York, suka riƙa zuwa wani ɗan ƙaramin gidan kiɗa da ake kira CBGB inda ƙungiyoyi irin su Television da Ramones ke wasa, suka ga matasa sa'o'insu sun hau dandamali suna abinsu ba tare da jiran wani babban kamfani ya ba su izini ba. Da suka dawo Leeds sai suka jawo Hugo Burnham, shi ma ɗalibi ne a jami'ar, ya riƙe ganga, sannan Dave Allen ya zo ta hanyar sanarwar neman makaɗin jitar bes (jita mai kaurin sauti) da suka bayar, zuwa 1977 sun fara wasa da sunan Gang of Four.

Lokacin kuwa Ingila ta ɗau zafi da kiɗan punk, su Sex Pistols da The Clash, kiɗa ne na gudu da ihu da fushi wanda ko jiya ka fara riƙe jita za ka iya shiga. Bai daɗe ba, Sex Pistols ɗin ma a Janairun 1978 suka watse. Waɗanda suka biyo baya, irin su Joy Division da Public Image Ltd da Wire da The Slits da The Fall da su Gill, sai suka riƙe wannan ƙarfin halin na cewa kowa zai iya, amma suka ƙi yarda a ce salo ɗaya kowa zai yi, kowa ya tafi neman sautinsa. Su ne ake ce wa 'yan post-punk, wato na bayan punk.

To yanzu ga abin da na ji a ciki. A ƙungiyar rock ta al'ada ganga ce a ƙasa, bes a kanta, jita ta cike duk wani gurbi da ya rage, mawaƙi kuma a can sama, sannan a tsakiyar waƙa a ba makaɗin jita fili ya yi solo ya nuna gwaninta mutane su yi tafi. Gill ya ƙi wannan tsarin gaba ɗaya. Shi a wajensa ganga da bes da jita da murya duk matsayinsu ɗaya, ba wanda ke yi wa wani dako, kuma inda ake jiran ya yi solo sau da yawa sai kawai ya ɗauke hannu ya yi shiru. Ka koma ka sake kallon bidiyon da kyau. Za ka gan shi tsaye ƙiƙam ba murmushi, ido a kafe can bayan 'yan kallo, ya daki tsirkiya sau ɗaya da ƙarfi sannan nan take ya danne ta kar sautin ya yi tsawo, ya bar bes da ganga su kaɗai suna tafiya, kai kana jira ya dawo a inda kunnenka ya saba sai ya ƙi, sai ka fidda rai sannan ya faɗo a inda ba ka zata ba. Kamar ɗan dambe ne da ke zagaya fili da hannu a ɗaure, bai kai duka ba amma kowa ya riƙe numfashi, kuma wannan jiran shi ne rabin wasan. Wallahi makaɗa kaɗan ne ke da zuciyar yin shiru a gaban jama'a alhali jita na rataye a wuyansu, dan kowa so yake a san ya iya.

Ka nemi waƙarsu Anthrax ka sa abin ji a kunne biyu. Farkonta ba komai sai wannan ƙarar da lasifika ke yi in an matso da makirufo kusa da ita, irin wadda injiniya ke gudu ya kashe, shi kuwa ya tsare ta yana lanƙwasa ta da jita fiye da minti guda kafin ganga ta shigo. Daga nan sai ka ji King na rera waƙa a kunne ɗaya yana kwatanta soyayya da cutar nan ta dabbobi, Gill kuma a ɗaya kunnen magana kawai yake a hankali, yana tambayar me ya sa kusan duk mawaƙa ba su da abin faɗa sai soyayya. Ka ba ta ji uku kafin ka yanke hukunci.

Daga wani malamin makaranta a Maraɗi: Sallama Malam. Sunan ƙungiyar tasu na taɓa cin karo da shi a tarihin Chaina. Shin suna da alaƙa da gwamnatin can ne, ko 'yan gurguzu ne?

Wa'alaikumussalam Malam, lallai ka riƙe tarihi. Asalin sunan na wasu manyan jami'ai huɗu ne na jam'iyyar kwaminis ta Chaina, cikinsu har da Jiang Qing matar Mao Zedong, waɗanda aka kama a Oktoban 1976, wata ɗaya bayan mutuwar Mao. Labarin ya cika jaridun Ingila a lokacin, su kuma samarin su huɗu ne, sai wani abokinsu na ƙungiyar Mekons, su ma 'yan Leeds ne, ya ba da shawarar sunan. Alaƙar ke nan, ba wata gwamnati a ciki.

Amma batun ra'ayi kam eh, 'yan hagu ne ba ɓoye-ɓoye. Sashen zane na Leeds a shekarun nan yana hannun malamai irin su T. J. Clark, masanin tarihin zane da ke kallon hoto ta fuskar waye mai kuɗi waye talaka, kuma ɗaliban sun sha karatun Marx da na masu fafutukar 'yancin mata. Sannan garin kansa ba lafiya ba, 'yan National Front masu ƙin baƙi da 'yan Asiya suna da ƙarfi a yankin, ana yawan arangama da su, shi ya sa su Gill suka riƙa wasa a tarukan Rock Against Racism, wata tafiya ta makaɗa masu yaƙi da wariyar launin fata da aka kafa a 1976. Ga yajin aiki ya dabaibaye ƙasar a hunturun 1978 zuwa 1979, ga Margaret Thatcher ta hau mulki a Mayun 1979, wata huɗu bayan haka albam ɗinsu na farko mai suna Entertainment!, wato Nishaɗi, ya fito, a Satumba.

Abin da ya sa nake ganin girmansu a nan shi ne ba waƙar zanga-zanga suke ba, irin ta a fito a ce ƙasa da wane. Cikin gida suke shiga. Waƙarsu Damaged Goods, wato lalatattun kaya, rabuwar masoya ce amma da bakin 'yan kasuwa aka faɗe ta, saurayi na maganar budurwa yadda mai saye ke maganar kayan da zai mayar shago. Wata waƙar mutum ne zaune yana cin abincin yamma yana kallon gawarwaki a labarun talabijin. Ether kuma kan fursunonin Ireland ta Arewa ce, a lokacin da yawancin mawaƙan Ingila ke kauce wa batun. Ko bangon albam ɗin su suka tsara abinsu, hoton Ba'indiyen Amurka ne yana musabaha da kaboyi, da rubutu a gefe da ke nuna Ba'indiyen ya ɗauka aboki ya samu, shi kuwa kaboyin murna yake ya samu wanda zai cuta. Kuma ba sa cire kansu a cikin zargin, sun san su ma kaya ne a kasuwar, sunan albam ɗin ma abin da yake nufi kenan.

Daga wata 'yar'uwa a Gwammaja, Kano: Yaya ina wuni. In har ya iya kamar yadda kake faɗa, ya aka yi muka san Bob Marley da Michael Jackson amma shi ko sunansa ba mu taɓa ji ba? Ya ma yi kuɗi kuwa?

Lafiya lau 'yar'uwa, kuma tambayarki ita ce ta fi ci min rai a cikin duka. Amsar a taƙaice ita ce sau biyu ƙofa na buɗe musu tana rufewa, ta farko su suka rufe da hannunsu, ta biyu yaƙi ne ya rufe.

Faifansu na farko a ƙarshen 1978 wani ɗan ƙaramin kamfani na Edinburgh mai suna Fast Product ne ya fitar, John Peel na rediyon BBC ya yi ta sa shi, manyan kamfanoni suka fara zawarci, suka zaɓi EMI. Tun a nan aka fara yi musu gori, ana cewa ya za a yi masu zagin jari-hujja su shiga inuwar katafaren kamfani wanda har sashen kayan lantarki na soja gare shi, su kuma hujjarsu ita ce so suke jama'a da yawa su ji su. A 1979 waƙarsu At Home He's a Tourist ta shiga jerin waɗanda suka fi kasuwa, aka gayyace su shirin Top of the Pops na talabijin ɗin BBC, kin ga a Ingilar wancan lokacin ba intanet ba YouTube, wannan shirin na mako-mako shi ne kasuwar gaba ɗaya, miliyoyin mutane ke kallo, in ka fito a ciki washegari faifanka ya tashi. Sai masu shirin suka ce akwai kalma ɗaya a waƙar da ke nufin kwaroron roba, a canza ta da wata mai nufin shara. Suka ce ba za su yi ba, suka kwashe kayansu suka fita. Waƙar ta tsaya a lamba 58, albam ɗin kuma a lamba 45.

Mutane na iya cewa taurin kai ne, kalma ɗaya fa. Ni dai ina tare da su, dan wanda ya gina waƙarsa kan cewa ana juya mu ana zaɓa mana abin da za mu ji, in ya yarda aka juya shi a gaban kyamara ran farko to me ya rage masa. Amma ba zan ɓoye miki ba sun biya kuɗin wannan matsayin da tsada, dan irin wannan damar ba ta cika dawowa ba.

Ta biyun a 1982 ne. Sun fitar da Solid Gold a 1981, Dave Allen ya bar su a shekarar ya je ya kafa Shriekback, wata gwanar bes mai suna Sara Lee ta maye gurbinsa, sai suka yi albam na uku Songs of the Free da waƙar I Love a Man in a Uniform, wadda ke zolayar namijin da ya shiga soja dan ya ji shi ma wani ne. Waƙa ce mai daɗin rawa, ta fara hawa kenan sai ga yaƙin tsibiran Falkland tsakanin Birtaniya da Ajantina daga Afrilu zuwa Yunin 1982, BBC ta daina sa ta. A Amurka ta samu shiga a gidajen rawa, amma a gida an riga an kashe mata kasuwa.

Daga nan abubuwa suka fara lalacewa. Aka rabu da Hugo Burnham, aka yi albam ɗin Hard a 1983 da injin ganga da sauti mai santsi ana neman kasuwar Amurka, kuma ni a ganina shi ne mafi rauni a aikinsu na farko, dan duk abin da ya sa aka so su an goge shi. A 1984 suka watse. Gill da King sun sake haɗuwa sun yi Mall a 1991 da Shrinkwrapped a 1995, sannan a 2004 duka huɗun na asali suka dawo, suka sake naɗar tsofaffin waƙoƙinsu a Return the Gift a 2005, kuma ɗaya daga dalilan da aka bayyana shi ne tsofaffin faya-fayan ba sa kawo musu wani abin kirki saboda irin yarjejeniyar da suka sa wa hannu suna samari. Kin ga amsar batun kuɗi kenan. Ya rayu da sana'arsa, yana da situdiyonsa a Landan, amma waɗanda suka koya a wajensa da yawa sun fi shi dukiya nesa ba kusa ba. Da waƙarsu Natural's Not in It ta fito a tallar na'urar wasan Xbox ta Microsoft a 2010 an sake yi musu ca, ni kuwa ban ga laifin mutumin da ya haura hamsin ya karɓi haƙƙin aikin da ya yi yana ɗan ashirin da uku ba.

Daga wani mai koyon jita a Jos: Oga ina koyon jita wata takwas kenan. Wane irin kaya yake amfani da su, kuma ya zan yi in samu wannan sautin?

Sannu da ƙoƙari ɗan'uwa. Jitar da aka fi saninsa da ita Fender Stratocaster ce, amma sirrin ya fi yawa a amfilifaya da hannu. Yawancin makaɗan rock suna son amfilifaya mai kwalba saboda sautinta na da ɗumi da kauri, shi kuwa a farkon aikinsa mai transisto ya zaɓa, ta kamfanin Carlsbro, wadda manyan makaɗa ke rainawa, dan yana son sauti siriri busasshe mai kaifi. Wannan albishir ne gare ka, ƙaramar amfilifayar da kake koyo da ita ta isa, ka ƙara siririn sauti ka rage mai kauri ka kashe duk wani abin ƙawa.

Sauran aikin hannu ne. Wanda ya fi tasiri a kansa Wilko Johnson ne na ƙungiyar Dr. Feelgood, wanda ke sara tsirkiya da bayan yatsu a gajarce a gajarce, sai Jimi Hendrix ta wajen wasa da ƙarar lasifika, sai funk na baƙaƙen Amurka, sai kuma dub na Jamaika, inda mai haɗa sauti ke zare kayan kiɗa ɗaya bayan ɗaya ya bar bes da ganga tsirara sannan ya dawo da su. Abin da 'yan Jamaika ke yi da maɓalli a situdiyo shi Gill ya riƙa yi da hannu a kan dandamali. Dan haka ga aikin gida: ka sa bugun ganga a wayarka, ka riƙe kod ɗaya kawai, ka daka ka saki yatsun hagu nan take ba tare da ka ɗaga su daga kan tsirkiya ba, sannan ka ƙirga bugu takwas ba ka taɓa komai ba. Za ka ji hannunka na ƙaiƙayi yana so ya cike wurin, to ka hana shi. Kuma kar ka bar koyon kod da sikel ɗinka, shi ma ya san ƙa'idar kafin ya karya ta.

Daga wani matashi a Zangon Kumasi: Na ga an rubuta wai shi ya yi wa Red Hot Chili Peppers albam. Gaskiya ne? Kuma su waye suka gaje shi?

Gaskiya ne, shi ne furodusan albam ɗinsu na farko a 1984, lokacin ba wanda ya san su a wajen Los Angeles. Su suka so shi dan Flea, makaɗin bes ɗinsu, masoyin Gang of Four ne na gaske, amma aikin bai yi daɗi ba ko kaɗan. Su suna son ɗanyen sauti irin wanda suka ji a Entertainment!, shi kuma a lokacin hankalinsa ya koma kan injin ganga da abin da rediyo za ta karɓa, suka yi ta samun saɓani har aka gama, mawaƙinsu Anthony Kiedis ya ba da labarin ranar da ya leƙa littafin Gill ya ga ya rubuta kalmar ƙazanta a gefen sunan wata waƙarsu. A nan ina ganin yaran sun fi shi gaskiya, sun zo neman mutumin 1979 sai suka tarar ya riga ya bar wurin.

Bai daina furodusin ba, ya yi wa The Stranglers da The Jesus Lizard da The Futureheads, ya yi wa Killing Joke albam ɗinsu na 2003 wanda Dave Grohl, tsohon makaɗin gangar Nirvana, ya kaɗa ganga a ciki, sannan ya yi aiki sosai da Michael Hutchence na INXS a kan albam ɗinsa na shi kaɗai, wanda bai fito ba sai 1999, bayan mutuwar Hutchence a 1997.

Magada kuwa suna da yawa. Kurt Cobain na Nirvana ya sa Entertainment! cikin albam hamsin da ya fi so, Michael Stipe na R.E.M. ya sha faɗin abin da suka ɗauka a wajensu, haka Tom Morello na Rage Against the Machine. A farkon shekarun 2000 kuma sai ga sabbin ƙungiyoyi a Birtaniya da wannan sarar jitar gajera, irin su Franz Ferdinand da Bloc Party, 'yan jarida suka yi ta kwatanta su da Gang of Four, kuma mawaƙin Bloc Party ɗin, Kele Okereke, a Liverpool aka haife shi amma iyayensa 'yan Najeriya ne, 'yan kabilar Ibo. Wannan farfaɗowar ce ma ta taimaka tsofaffin suka dawo a 2004.

Daga wata ma'aikaciyar jinya a Kaduna: Malam na karanta cewa ya mutu a farkon 2020 bayan ya dawo daga Chaina. Korona ce ta kashe shi?

Sista sannu da aiki. Ya mutu ranar 1 ga Fabrairun 2020 a asibiti a Landan yana da shekara 64, kuma abin da aka bayyana a lokacin shi ne ciwon huhu, nimoniya, da gazawar sassan jiki. Dama yana da wata tsohuwar lalura mai suna sarcoidosis wadda ke taɓa huhu. Gaskiya ne ƙungiyar ta yi wasanni a Chaina a Nuwamban 2019, kuma bayan 'yan watanni da mutuwarsa matarsa Catherine Mayer, 'yar jarida ce da ta daɗe a mujallar Time kuma tana cikin waɗanda suka kafa jam'iyyar Women's Equality Party a 2015, ta rubuta cewa tana zargin korona ce ya kamu da ita tun kafin a san cutar ta shigo Ingila. Zargi ne na matar da ta zauna a gefen gadonsa ta ga yadda numfashin ke yi, ke kin fi ni sanin nauyin irin wannan shaidar da kuma iyakarta.

Abin da ya taɓa ni a ƙarshen rayuwarsa shi ne bai ajiye aikin ba. Bayan albam ɗin Content na 2011 Jon King ya tafi, ya rage shi kaɗai cikin huɗun farko, tsofaffin masoya da yawa suka ga bai dace ya ci gaba da riƙe sunan ba, shi kuwa ya ɗauko matasa ya yi What Happens Next a 2015 da Happy Now a 2019, yana yawon wasa ƙasa-ƙasa yana da shekara sittin da ɗoriya da huhu mara lafiya, har a gadon asibiti yana sauraron waƙoƙin da ake haɗawa yana ba da gyara. Akwai wani aiki da ya faro na tara makaɗan duniya su sake kaɗa waƙoƙin Gang of Four, matar tasa ce ta ƙarasa shi ya fito a 2021 da sunan The Problem of Leisure, mai zane Damien Hirst ya yi zanen bangon, Tom Morello da mawaƙi Serj Tankian suna ciki, sannan Flea, wanda suka yi ta rigima a situdiyo a 1984, shi da John Frusciante, makaɗin jitar ƙungiyarsu, suka kaɗa waƙar Not Great Men tare da ƙungiyar yara mawaƙa. King da Burnham da Sara Lee sun sake hawa dandamali a 2022 da David Pajo a gurbin jita, Dave Allen kuma ya mutu a Afrilun 2025.